Minti Tara

Minti tara ne duka fim ɗin.
Ba waƙa, ba rawa, ba wanda ya ce uffan.

Na kafa kyamara a gindin gadar Kawo,
na ce wa Mudi, kai dai tsaya.
Ya tsaya. Gari ya ratsa shi
yadda ruwa ke ratsa kwando:
'yan keke-napep, masu tallar cajar waya,
wata mata da katin asibiti
tana ƙirga canji a tafin hannu, tana sake ƙirgawa.
Mutum dubu, ko sallama guda.

A Kakuri muka ɗauki masaƙar da ta mutu.
Shekara sha tara babansa ya yi a ciki,
yanzu ƙadangaru ke karɓar aikin safe.
Mudi ya kara kunne a ƙofar ƙarfe
wai ko zai ji jiniyar tashi.
Ban sa shi ba. Ban kuma yanke ba.

Sautin kuwa janareton maƙwabcina ne.
Shekara uku katanga ɗaya ta raba mu,
ban san sunansa ba, tarinsa na sani.
Na haɗa da takun ƙafata
daren da mai gida ya turo saƙon ƙarin haya,
daga ƙofa zuwa taga, daga taga zuwa ƙofa,
har ladan ya yi gyaran murya.

Minti na shida muna kan gadar kogi,
inda mutum ke rage murya
kafin ya isa wancan ƙetaren.
Wayarsa ta kama haske: Inna, daga Ikara.
Ya zuba mata ido har ta gaji ta katse.
Me zai ce? Lafiya lau?

A Barnawa muka haska, jikin bangon wani shago.
Mutum sha ɗaya, uku na danne-dannen waya.
Wani dattijo ya ce, yaro, ina labarin?
Ladi mai kunun aya ta ajiye kularta,
ta ce, ai wannan jiyana ne, Baba.

A minti na takwas aka ɗauke wuta.
Ba wanda ya tashi.
Muka zauna cikin duhu, kafaɗa na taɓa kafaɗa,
ina jin numfashin wanda ban sani ba
yana sauka daidai da nawa.

Mudi ya raɗa mini, haka ka tsara?
Na ce masa e.