Tsura

Ranar Talata, aji na biyar,
lakwal ɗinmu ta Bagalam, kwanon rufi na ƙara don zafi,
na rubuta Maradi a allo,
na ɗafa masa wa a baya, sai ga Maradawa.
Na rubuta Katsina, na jawo mata wutsiya,
sai ga Katsinanci, bakin da muke ciniki da shi.
Na ce, yara, wannan shi ne ɗafa-ƙeya.

Barira, ta bencin ƙarshe, mai kaye ba bango,
ta ce, Mushe, wadda ba a ɗafa mata komi ba fa,
mene ne sunanta?
Na ce, maras ɗafa-ƙeya.
Ta ce, wannan gori ne, ba suna ba.
Wa ake kira da abin da ba shi da shi?

Alli ya karye a hannuna.
Na ce, gobe.

Goben nan ta yi kwana huɗu.
Arzika wanzami, askarsa a ƙeyata,
ya ce, kira ta ƙwal mana.
Na ce, ƙwal ai ya taɓa yin gashi.
Lantana mai tuwo a bakin tasha ta ce gaya.
Na juya ta a baki, ta ƙi haɗiyuwa:
gaya kukan rashin miya yake,
kalmar nan kuwa ba ta roƙi kowa miya ba.
Tela ya ce huntuwa, muka yi dariya.
Ya ce, to, guntuwa.
Na ce, wa ya yanke ta?

Ranar Asabar Nomau na bugun ƙarfe bayan babbar kasuwa.
Lauje na je karɓa, na gonarmu ta bakin gulbi.
Ga wuƙaƙe a ƙasa, baƙaƙe, suna hucewa.
Na ce, waɗannan nawa?
Ya ce, tsura ko da ƙota?
Na ce, maimaita.
Ya ce, tsura. Ƙarfen kaɗai, yadda ya fito daga wuta.
Na ce, tana yanka?
Ya dube ni kamar ba ni nake karantar da ɗansa ba.
Kaifi ai ba a ƙota yake ba, Mushe.
Ƙota don hannunka ake yin ta.

Na manta laujen.

Da dare wuta ta ɗauke, na kunna cocila,
na jera su a bayan takardar albashi:
ci, sha, zo, ji, so, ƙi.
Ƙanana, ba ko ɗankwali.
So ya sami ƙota ya zama soyayya,
ƙi ya sami tasa, iri ɗaya, daga maƙeri ɗaya.
Sai Yaha ta faɗo mini a rai.
Shekara talatin da ɗaya ina ɗanta,
ban taɓa jin soyayya a bakinta ba.
Zo, take cewa. Ci. Sha, ka rage wa ƙanenka.
A gadon asibiti, da ƙurungun ruwa ya kusa ƙarewa,
ta kama ɗan yatsana, ta ce, je.
Ban je ba.
Har yau wurin da ta yanka bai rufe ba.

Litinin na rubuta a allo, da manyan baƙaƙe:
kalma tsura, wadda ba ta ɗauki komi a ƙeya ba,
ba don an ƙwace mata ba.
Misali: so tsura ne, soyayya mai ƙota.
Jam'i kuwa, ku bar mini shi tukuna.

Suka kwafa, biro na ƙarar ɓera.
Barira ta gama, ta hura tawada, ta ɗaga hannu.
Mushe, ita tsura ɗin,
tsura ce?

Allah ya taimake ni,
mai gadi ya bugi ƙarfen tashi.