Ranar da Kanwa Ta Ƙare

Hurera ta tafi Kumo duba gyatumarta,
ta bar mini makullin sito da ɗan yaro
da wata tukunya da ban san halinta ba,
ta ce, "Kwana uku ne, ban da damuwa."

Ran Laraba da hantsi sai ga waya:
Baffanta na tafe daga Dukku,
gobe zai ga likitan ido,
yau kuwa a Pantami, a gidana, zai yi kwanciya,
ga shi haƙoransa sun daina son gardama,
sai nama mai laushi, mai kyan dahuwa.

Na je wa Ɗanlami a bakin kwata.
Ya dafa ƙirji ya ce ɗan maraƙi ne.
Ashe tsohon sa ne da ya gaji da huɗa,
ya ja garma damina tara a gonakin Deba,
duk taurin kansa ya taho da shi cikin leda,
ko wuƙa sai da ta nemi wasawa.

Na soya albasa har ta yi ja a man gyaɗa,
na daka attaruhu da citta da masoro,
tattasai, tafarnuwa, daddawa ƙulli biyu,
tumatirin Kwadon mai ruwa kamar rijiya.
Ƙamshi ya haura katanga,
maƙwabciya ta yi tari, ta ce,
"Au, amarya ce ta yi saurin dawowa?"

Azahar ta yi.
Na ɗauko tsoka na ciza,
ta mayar mini da martani kamar tayar keke.
La'asar ta yi, gawayi ya ci rabin buhu,
sa yana nan a kan bakansa.
Na zazzage gwangwanin da ke bayan randa,
babu ko ƙwayar kanwa.

Bappayo, ɗan shekara tara,
na zaune kan turmi da lemon kwalba,
baƙin nan mai kumfa da ke hawa hanci.
Ya ce, "Baba, malaminmu ya jefa ƙusa a irinsa,
da safe tsatsar duk ta tafi.
Abin da ya ci ƙarfe, nama zai gagare shi?"
Na dube shi, na dubi ƙofa,
na ce, "Miƙo, kuma bakinka ya zama rufaffen ƙwarya."
Ya ce, "A biya ni biyu." Muka yi shiryawa.

Na tsiyaya.
Tukunya ta yi tsaki, ta yi kumfa, ta yi shiru,
romo ya koma launin ƙasar fadama bayan ruwa.
Na ƙara gishiri don zaƙi kar ya yi sarauta,
na jefa dankali da karas,
na rage wuta, na tafi masallaci
ina addu'ar da ban taɓa jin liman ya yi ba
a kan tukunya mai tafasowa.

Bayan isha'i Baffa ya wanke hannu.
Ya taɓa tsoka da ɗan yatsa, ta rabu biyu
kamar dā can jira take a yi mata magana.
Ya ci, ya yi gumi, ya tura hula ƙeya,
ya suɗe ƙashi, ya karkata kwano ya shanye,
ya ce, "Shekara saba'in ina bin shanu,
ban san suna da zuma a jiki ba.
Wace irin kanwa ce wannan?"
Bappayo ya ƙware da ruwa.
Na ce, "Ta kwalba ce, Baffa, sabuwar fitowa."

Ran Juma'a Hurera ta dawo,
ta shinshina murfi, ta ƙirga kwalabe a kwandon shara,
ba ta ce uffan ba.
Sai ran Asabar na ga ta aiki yaro kanti,
ta rufo ƙofar madafa a hankali,
na ji ƙarar buɗe kwalba
da ƙaramar dariya tana biyowa.