Sikelin Kifi a Upernavik

Babana Piitaq ya rasu bai taɓa sanin
nauyin kifinsa ba.
Baturen kanti ke karanta sikeli
da harshen Danmak, ya rubuta, ya ce a dawo gobe.
Baba ya cire hula ya yi godiya,
ƙanƙara na narkewa a gemunsa.

Yau littafin yana hannuna.
Na rubuta sunan kifi da bakinmu,
doguwar kalma, ta tsallake layi
ta faɗa gurbin farashi.
Na ƙyale ta. Ta daɗe a tsaye a waje.

Majalisarmu tana Nuuk, tutarmu tana bisa rufi,
ja da fari, rana rabinta a ruwa.
Sai dai albashin likita
daga hayin teku yake zuwa,
kuma wanda ya ba ka gishiri
ba ya rasa ɗanɗana miyarka.

Ɗazu 'yata Sikkersoq ta ce,
"Inna, mun fita ne,
ko ƙofar kawai aka buɗe?"

Ban amsa ba. Ga masunci yana jira,
kifinsa na sandarewa.
Na juya masa fuskar sikelin
ya karanta da kansa.