Sunayen da Muka Tsira da Su

Ruwa ya tsare mu a rumfar tattasai, Mil Sha Biyu,
mu uku.

Mai rumfar ta ce sunanta Kokumo,
wai da Yarbanci: wannan kam ba za ta mutu ba.
Yaro mai baro ya murmusa.
Shi Ozoemena ne: kada a sake.
Yayyensa biyu na kwance a ƙauye.

Na daɗe ban tanka ba.
Ni Ajuji ce.
Ina jinjira kakata ta kwantar da ni kan juji
don mutuwa ta zaci shara ce, ta wuce.
Shekara arba'in da ɗaya ke nan
ba ta waiwayo ba.

Ruwa ya ɗauke.
Kokumo ta auna mini kwano,
ta ƙara uku gyara,
ba ta ce komai ba.