Tsakanin Safa da Marwa

Bayan la'asar aka kawo mini ita,
jikarta na riƙe da takalmanta a leda.
Na ce riyal saba'in. Ba ta yi ciniki ba.
Na zaunar da ita a keke, na yi bisimilla,
muka gangaro daga Safa.

Shekara ashirin da shida ina tura tsofaffi a Makka.
Ba na duban fuska, ƙafa nake duba,
kar ta zame, kar bakin zane ya shiga taya.
Amma a zango na biyu ta nemi zamzam,
ta ɗaga haɓa za ta sha,
sai ga tawadar Allah a ƙasan leɓe, ta hagu,
kamar ƙwayar riɗi guda.

Na san ɗigon nan.
Na gan shi ya kai faɗin faifai
a farin bangon silima, can Wad Madani,
sa'ad da nake tallar gyaɗar Inna Tambai a bakin ƙofa,
in soke kuɗin gwangwani biyu in yanki tikitin zaman ƙasa.
A takardar bango Rupmala aka rubuta.
Mu yaran Mai Wurno 'Yar Riɗi muke ce mata.
Sau tara ta mutu a gabana:
guba, jirgin ƙasa, sau biyu kogi ya ci ta,
Juma'a na zagayowa ta tashi da sabon lulluɓi
tana rawa cikin ruwan sama,
mu kuwa dawarmu na ƙonewa a gona.

Na ambaci sunan a hankali, kamar mai taɓa gyambo.
Ta yi shiru har muka juyo daga Marwa.
Da ta buɗe baki, jikar ke mayar mini
da Larabcin makaranta:

Sunana Sharifunnisa.
Wancan wani mai tabarau ya raɗa mini a ofis,
ba rago, ba addu'a, ina 'yar sha biyar.
Ubana tela ne, da babban yatsa ya sa hannu.
Fim sittin da ɗaya.
Muryar da ta hana ku barci ba tawa ba ce,
ta wata ce a ɗaki, ni leɓe nake motsawa.
Ruwan saman ma daga tiyo yake,
tun magariba har asuba,
shi ne ya tare a gwiwoyin nan.
Ina talatin da biyar suka shafa mini furfura,
na zama uwar wanda bara ya sace ni a kan doki.
Daga nan wayar gidanmu ta daina ƙara.
Na kakkaɓe keken ɗinkin ubana,
da shi na aurar da 'ya'ya uku,
da shi na zo nan.

Wajen koren fitila, inda maza ke sassarfa,
na saba rage tafiya idan mace ce.
Ta bugi hannun kujera, ta ce gudu!
Na ruga da ita, ni da furfurata,
mayafinta na kaɗawa,
ta yi dariyar nan da na sani,
wannan kam tata ce.

A Marwa jikar ta fito da almakashi.
Gashin da na sha biyan kuɗi in kalla,
na juya masa baya, na dubi bango
har na ji ƙas.

Ta miƙo kuɗi. Na ce ki rage,
sau uku na haura katanga ban biya ba.
Ta ce mai silima ka cuta,
ni har yau akwai fim huɗu da ba a biya ni ba.
Ta danƙa mini saba'in ɗina cif,
ta ce in sa ta a addu'a da sunan yanka.

Na juya keke ba kowa a ciki.
Wani tsoho ɗan Turkiyya na ɗaga mini hannu.