Ɗigo Nawa?

A Ƙofar Ruwa nake haɗa fenti,
shekara ashirin da ɗoriya.
Kawo min ɓallin bangonka, ko ya koɗe,
in fitar maka da irinsa kafin ka zauna.
Fari kaɗai na san kala bakwai:
na madara, na alli, na ƙwai, na haƙorin tsoho.
Sai Allah Ya ba ni Nafi'u,
wanda duniyarsa gwangwani biyu ce rak.

Na ce masa, "Ina zuwa," na fita.
Ya tsaya a zaure tun hantsi har la'asar,
bai ci ba, bai zauna ba.
Da na dawo, ƙofa yake kallo, ba ni ba:
"Ka ce kana zuwa. Tafiya ka yi."

Kakarsa na kwance, zazzaɓi na kaɗa gado,
'yan dubiya suka ce ya jiki, ta ce da sauƙi.
Ya ɗora bayan hannu a goshinta:
"Babu sauƙi, Hajiya. Ƙarya kika yi."
Ɗaki ya yi tsit.
Tsohuwar ce ta fara dariya, har da tari.

Likita a Asibitin Malam ta ce galahanga ce.
Ba taurin kai ba, ba kuma iska ba.
Ta ce tsakiya ce ke ba shi tsoro,
kamar mai tsallaka kwata a duhu:
ko wannan gaɓa, ko waccan.

A Gidan Murtala danja ta nuna ja,
ɗan adaidaita ya leƙa, ya ga ba kowa, ya wuce.
Nafi'u ya toshe kunnuwa,
"Ja ne, ja ne, ja ne,"
har muka sauka a Kabuga.

Malam Sidi ya yi masa alkawarin taswira ran Laraba,
ya kawo ran Alhamis.
Shi ke nan, ya fita daga gwangwanin fari,
ko gaisuwarsa ba a amsawa.
Wannan ban damu ba sosai.
Abin da ya hana ni barci
ranar da ya ci tara cikin goma a lissafi,
ya yayyaga takardar, ya shige ƙarƙashin gado:
"Ni daƙiƙi ne."
Wuƙar da yake yanka mu da ita
ashe da ita yake kwana.

Ran Asabar na tafi da shi shago.
Na ce wa wani, "Kuɗin ƙarshe ke nan,"
ya juya, na rage masa ɗari biyar.
"Baba, ƙarshe biyu ne?"
Mai saye ya yi dariya. Ni ban yi ba.

Da kasuwa ta lafa na buɗe farin gwangwani,
na ɗiga baƙi, na juya da sanda.
"Ka ɓata shi," in ji shi.
Na ce sunansa ruwan toka.
"Ɓatacce ne."
Na kusa rufewa, sai ya riƙe min hannu:
"Ɗigo nawa ka sa?"
Na ce uku.
Ya zaro biro, ya rubuta a kwali: uku.
"Sa huɗu."
Har aka kira magariba muna ɗigawa,
yana shafa wa katako, yana ba su lamba.
Tsakiyar da ke da lamba, ashe tana takuwa.

A hanyar gida, wajen Goron Dutse,
sama ba rana ba dare,
ya ce, "Malam Sidi ɗigo ɗaya ne."
Muka yi 'yar tafiya.
"Kai biyu. Zaure da ɗari biyar."
Na ce na gode. Na ce kai fa?
Bai amsa ba.
Yana dai ƙirga wani abu da yatsu,
kuma bai kai goma ba.