Tsawon Addu'a Biyu

Ermelinda, a garin Evora,
shekara talatin da ɗaya tana bin sawun tukwane
waɗanda masu su suka daɗe da zama ƙasa.
Abokan karatunta sun zaɓi yaƙi da sarauta,
ita ta ce a bar mata madafa.
Aka yi dariya. Ta bar su da haƙoransu a waje.

Da hantsi tana ɗakin adana takardu,
farar safar hannu, tabarau a ƙarshen hanci,
tana buɗe kundin mata masu zaman zuhudu
inda aka lissafa sukari da kirfa da kuɗin itace,
har da ƙwan da ya fashe a bayan jaki.
A shafi na sittin wata ta ɗiga mai,
tabon ya girmi kakar kakarta.
Ta taɓa sunsuna shi da mai gadi ya juya baya.

Layi biyu suka hana ta barci:
"Gwaiduwa arba'in. Sukari yadda aka saba.
A juya a kan wuta tsawon addu'a biyu."
Wace addu'a? A bakin wa?
Mai saurin baki, ko tsohuwa mai haki?
Ta ƙona tukunya tara,
maƙwabta suka gaji da karɓar farin ƙwai.

Sai a wani ƙauye bayan gonakin zaitun,
Graciete, wadda ko sunanta ba ta iya rubutawa,
ta dangwali ruwan sukari, ta raba yatsu biyu,
zare ya miƙe tsakaninsu kamar na gizo-gizo.
"Ga addu'arki nan," in ji ta.
"In ya tsinke, ki ƙara wata."

Littafi huɗu ta rubuta bayan nan.
A Lisbon ɗalibai na tambaya
ta ina kirfa ta ƙetaro teku,
su wa suka sari raken da bulala a gadon baya,
me ya sa kundin ya ƙirga buhu, bai ƙirga su ba.
Tana amsa abin da ta sani.
Sauran ta ce su je su tona.

Da dare kuwa, ita kaɗai a madafarta,
tana daka tafarnuwa da gishiri da ɗanyen ganye,
ta tsiyaya man zaitun, ta kawo tafasasshen ruwa,
ta gutsuttsura burodin shekaranjiya, ƙwai guda a kai.
Miyar mahaifiyarta ke nan,
wadda kullum za ta tambaya gobe.
Goben ta zo ta tarar da ɗaki a rufe.

Ta ɗanɗana. Ta ƙara gishiri.
Ta kusa.
Shekara goma sha ɗaya ke nan tana kusa.
A tsaye take shanyewa,
ta wanke kwanon, ta kife.